Daga Suraya zuwa M110: yadda ake nemo gungun taurari, sadim da majarra a sararin Hijaz

Mazaunin Makka, Jidda, Ɗa'if ko Madina yana da wani rabo a sama wanda Charles Messier, Bafaranshe masanin taurari mai shahararren jerin nan na abubuwan sama 110, bai taɓa samu ba. Messier ya yi aikinsa a birnin Paris, kusan digiri 49 arewa da layin da ya raba duniya biyu, Makka kuwa tana kan digiri 21 da ɗoriya. Saboda haka wani babban yanki na sararin kudu da ƙasa ta tare masa, mu a buɗe yake gare mu. Duk abin da ya lissafa muna iya gani, har da ƙari. Abin da muka rasa shi ne duhu, shi ya sa kaso mai yawa na wannan jagora a kan neman duhu yake.

Abubuwan da za a nema iri uku ne. Na farko gungun taurari, kuma shi ma kashi biyu ne: akwai buɗaɗɗe, mai taurari ɗaruruwa zuwa dubbai da aka haifa tare, irin Suraya wadda a gida ake kira kaza da 'ya'yanta, akwai kuma dunƙulalle, wanda dubban ɗaruruwan tsofaffin taurari suka cure a cikinsa wuri guda. Na biyu sadim, wato gajimaren iskar gas da ƙura, inda ake haihuwar taurari ko inda wani ya mutu ya bar ɓurɓushinsa. Na uku majarra, tarin biliyoyin taurari irin namu na Darbut Tabbana, wanda ranarmu take ciki, sai dai can waje da shi. A ido duk ukun suna iya zama ɗan hazo iri ɗaya, kuma an shafe ƙarnuka kafin a bambance su. Hanyar da muke ba da shawara ita ce a bi su yadda aka gano su: ido tukuna, sannan darbil, wato madubin hangen nesa na hannu mai ido biyu, sannan babban madubin hangen nesa.

Zaɓen dare

Wanda yake lissafi da watan Hijira ya riga ya gama rabin wannan aiki. Farin wata shi ne babban mai ɓata kallo, domin haskensa yana wanke sama har hazon da kake nema ya saje da ita. Daga daren 22 ga wata zuwa 4 ga wata mai kamawa su ne dararenka. Kowane dare wata yana jinkirin fitowa da kimanin minti 50: a daren 14 ko 15 yana fitowa da magariba, a wajen 18 sai an yi kusan awa uku da faɗuwar rana, a wajen 22 sai tsakar dare, daga 26 kuwa sai gab da asuba. Daga 8 zuwa 17 ka huta, ko ka kalli watan kansa.

Lokutan salla ma suna yi maka awo. Sama ba ta kai cikakken duhu sai rana ta nutse digiri 18 ƙarƙashin ƙasa, kuma a wannan yanki hakan na ɗaukar awa ɗaya da kwata zuwa awa ɗaya da rabi. Kalandar Ummul Ƙura tana sa isha'i minti 90 bayan magariba, ban da azumi da ake mai da shi awa biyu, tana kuma sa asuba sa'ad da rana take digiri 18.5 ƙasa. Ke nan tsakanin kiran isha'i da kiran asuba ne lokacin aikinka.

Sai yanayi. Ranar da aka tashi da ƙura, ko da ba gajimare ko ɗaya, ka fasa. Gwaji mai sauƙi: da la'asar ka tare rana da tafin hannu, kada ka dube ta, ka dubi launin sama a gefen hannun. In shuɗi ne sosai, daren zai yi kyau. In fari-fari ne, ƙura ko danshi na sama. Daren da ya biyo bayan ruwan sama, musamman da sanyi, ya fi kowane dare tsabta.

Zaɓen wuri

A cikin unguwannin Makka, ko Rusaifa ce ko Misfala, ba za ka ga fiye da taurari ƙalilan ba. Fitilun gari suna haska ƙura da danshin da ke iska, su yi wata rumfar haske da ake hange daga nisan kilomita masu yawa. Dokar ita ce ka sa gari a bayanka. Mafi kyawun abubuwanmu a kudu suke, don haka ka nemi wurin da babu babban gari a kudancinsa. Wanda ya fita arewacin Jidda ya juyo kudu, hasken Jidda zai kalla duk dare.

Tudu ya fi kwari. Ɗa'if tana sama da teku da kusan mita 1,900, Shafa ta haura 2,000, kuma a can ka baro mafi yawan ƙura da danshi a ƙasa, ko da yake hazo kan sauko wa tsaunukan ba zato. A bakin teku matsalar raɓa ce, wadda ke kwanciya a gilashi cikin sa'a guda. Mutanen Madina suna da filayen harra, masu baƙin dutsen aman wuta, da hanyar Ula. Alamar cewa wuri ya isa: ka ga Darbut Tabbana da ido, farin zane daga wannan gefen sama zuwa wancan. In ba ka gan shi ba, gungun taurari za su samu, amma majarra za su wahalar da kai.

Ka isa wurin da sauran rana don ka ga ƙasar da za ka taka. Kada a yada zango a cikin wadi, wato busasshen kwarin da ruwa ke bi, domin ruwan da aka yi a tsauni yana iya saukowa inda ko ɗigo bai faɗi ba. A sa rufaffen takalmi saboda kunama, a riƙe ruwa da yawa da rigar sanyi, a yi tuƙi a hankali saboda raƙuma, kuma a tafi mutum biyu ko fiye. Fitilar lesa mai kore kada ta kalli inda jirgi ke bi.

Shirya ido

Ido yana buƙatar minti 20 zuwa 30 a duhu kafin ya buɗe sosai, kuma duban waya sau ɗaya yana rushe wannan. Ka rufe tocila da jar leda ninki biyu ko uku, domin jan haske mai rauni bai cika taɓa ganin dare ba. Manhajar Stellarium tana nuna taswirar sama ta wurin da kake, tana da yanayin ja, amma ka rage hasken fuskar wayar har ƙarshe. Fitilar cikin mota ma a kashe ta tun kafin a fara buɗe ƙofa.

Abu na biyu shi ne kallon gefe. Tsakiyar ido an yi ta ne don rana da launi, ƙwayoyin da ke kama haske mai rauni kuwa a kewaye suke. In kana neman hazo, kada ka zuba masa ido kai tsaye: dubi ɗan gefensa, hankalinka na kansa, sai ka ga ya bayyana. Waɗannan ƙwayoyi ba sa bambance launi, don haka ja da shuɗin da ke hotuna ba za su fito ba. Toka-toka za ka gani, wani lokaci da ɗan kore. Gara ka san haka tun daga gida.

Awo da hannu: miƙe hannu sosai, ɗan ƙaramin yatsa digiri 1 ne, yatsu uku na tsakiya 5, dunƙulen hannu 10. Sama tana juyawa digiri 15 a awa, kuma kowane tauraro yana riga jiya fitowa da minti 4, wato awa biyu a wata.

Matakin farko: abin da magabata suka gani da ido

Batlamus na Iskandariyya, a ƙarni na 2 miladiyya, ya ambaci 'yan wurare masu hazo a cikin jerin taurarinsa. Abdurrahman as-Sufi, wanda aka haifa a Rayy a 903 ya rasu a 986, ya sake auna hasken taurarin Batlamus, ya haɗa su da sunayen da Larabawa ke kiransu, a littafinsa Suwarul Kawakib na wajen shekarar 964. A ciki ya bayyana wani ɗan tabo mai kama da gajimare a ƙungiyar taurarin Andromeda. Wannan ne rubutu mafi daɗewa da ya iso mana a kan wata majarra da ke wajen tamu, kuma da shi ya kamata a fara.

Daga Oktoba zuwa Disamba, nemo babbar murabba'ar Farasul A'azam, taurari huɗu da ke kusan tsakar ka bayan isha'i. Daga kusurwarta ta arewa maso gabas, tauraron Alpheratz, bi layin taurari zuwa gabas: na farko mai matsakaicin haske, na biyu mai haske ja-ja, shi ne Mirach. Daga Mirach ka karya zuwa wajen Zatul Kursi, taurari biyar masu siffar W. Za ka wuce ƙananan taurari biyu, kusa da na biyun, kimanin digiri 8 daga Mirach, akwai hazo mai tsawo. Shi ne M31, wato abu na 31 a jerin Messier, kuma shi ne tabon da as-Sufi ya bayyana. A tsakiyar Nuwamba wajen ƙarfe tara yana kai digiri 70 sama ta arewa. Hasken da ya shiga idonka ya yi tafiyar shekara miliyan 2.5.

Da sanyi, taurari uku da ke jere a ɗamarar Jauza, ƙungiyar da ake kira Orion, su ne jagora. Bi layinsu zuwa arewa maso yamma ka wuce jan tauraro Dabaran, ka isa Suraya, M45, mai nisan kimanin shekarar haske 440 (shekarar haske ita ce nisan da haske ke ci a shekara guda). Yawancin mutane shida suke ƙirgawa, mai kaifin ido ya fi haka. A Madina tana bi ta tsakar ka daidai. A Fabrairu da Maris, tsakanin tagwayen Castor da Pollux da kuma Regulus, akwai wani hazo da masu lissafin manzilolin wata suka sani da Nasra, wato M44. Da zafi kuma, kusa da dafin wutsiyar ƙungiyar taurarin Kunama, kimanin digiri 5 gabas da tauraron Shaula, akwai M7, wanda Batlamus ya ambata. A Paris da ƙyar yake ɗagowa digiri 6, a Makka yana kai 34.

Ga lissafin da zai gaya maka ko abu na kudu zai fito maka. Kowane abu a jeri yana da lambar karkata, wadda ke da alamar ragi in na kudu ne. Cire digirin garinka daga 90, sannan ka cire lambar karkatar. A Makka 90 ban da 21.4 ya bar 68.6. Suhail, tauraro mai haske na kudu, yana kan ragi 52.7, don haka yana hawa kusan digiri 16. Duk abin da ya haura ragi 68 ba zai fito ba sam. In Suhail ya tsaya a kudu, kimanin digiri 20 ta hagunsa akwai gungun da lambarsa a jerin masana ita ce IC 2391, wanda masana da yawa ke ganin as-Sufi ya ambace shi a matsayin tauraro mai hazo.

Mataki na biyu: darbil

Kada ka yi gaggawar sayen babban madubi. Darbil mai lamba 7x50 ko 10x50 ya fi abin da Galileo ya riƙe a 1610 faɗin gani nesa ba kusa ba, kuma da wancan ƙaramin abu ne ya ga Nasra ta tarwatse zuwa taurari kusan 40. Lambar farko ninkin girma ce, ta biyu faɗin gilashin gaba a milimita. Raba ta biyu da ta farko ka sami faɗin hasken da ke fitowa zuwa ido: 7x50 yana ba da milimita 7, 10x50 yana ba da 5. Ƙwayar idon matashi tana buɗewa har 7 a duhu, ta wanda ya manyanta kuwa sau da yawa ba ta wuce 5, don haka ga dattijo 10x50 ya fi. Guji mai zuƙowa da mai jan gilashi, duka biyun suna cin haske. Abin da ya haura ninki 10 ba ya riƙuwa a hannu. Jingina da mota, ko ka kwanta a kan tabarma ka dafe gwiwar hannu.

Saita shi haka: rufe idon dama, juya ƙafar tsakiya har tauraro ya zama ɗigo a idon hagu, sannan rufe hagu ka juya zoben da ke gilashin dama. In taurari suna fitowa biyu-biyu, gilasan ciki sun goce, a mayar wa mai shago.

Fara da takobin Jauza, taurarin da ke rataye ƙarƙashin ɗamara. Na tsakiyarsu sadim ne, M42, mai nisan kimanin shekarar haske 1,350, inda ake haihuwar taurari har yanzu. Bafaranshe Peiresc ne ya fara lura da hazonsa a 1610. Digiri 4 kudu da Shi'ira, tauraron da aka ambata a suratun Najmi, akwai gungun M41. Tsakanin Zatul Kursi da Perseus akwai tagwayen gungu, masu lamba NGC 869 da NGC 884 a babban jerin da ya biyo bayan na Messier. Da zafi, a kan layin da ya tashi daga Altair zuwa Vega, kimanin sulusin tafiya, akwai taurari shida a jere da wasu huɗu da suka yi ƙugiya. As-Sufi ya rubuta su, yau ana kiransu Collinder 399.

Wanda ya fi cancantar a yi tafiya dominsa shi ne Omega Centauri, NGC 5139. Batlamus ya lissafa shi a matsayin tauraro, Edmond Halley ya gane hazo ne a 1677 daga tsibirin Saint Helena, kuma ba ya cikin jerin Messier domin ba ya fitowa a Paris ko kaɗan. Shi ne mafi girman dunƙulallen gungu a majarrarmu, taurari kusan miliyan 10, a nisan kimanin shekarar haske 17,000. Nemo shi ba wuya. Tauraron Spica, wanda Larabawa ke kira Simakul A'azal, yana tsayawa kudu lokaci guda da shi: tsakar dare a tsakiyar Afrilu, ƙarfe goma a tsakiyar Mayu, tara a ƙarshensa. A wannan lokaci sauko daga Spica kai tsaye digiri 36, dunƙule uku da rabi. A Makka yana digiri 21 sama da ƙasa. A darbil dunƙulen haske ne mai faɗin farin wata. Ba shi da tsawon zama, don haka ka kama shi cikin awa ɗaya kafin tsayuwarsa ko bayanta, kuma ƙura kaɗan a kudu ta isa ta dushe shi. Digiri 4 da rabi a samansa akwai majarrar NGC 5128, wadda James Dunlop ya gano a Ostireliya a 1826.

A Yuli da Agusta, gabas da Kunama, taurarin Ƙaus suna yin siffar barradin shayi. Digiri 6 sama da bakinsa akwai sadim M8. Digiri 2 da rabi arewa maso gabas da murfin akwai M22, wanda Abraham Ihle ya gano a 1665. Kusa da Ƙalbul Aƙrab, jan tauraron zuciyar Kunama, digiri 1 da ɗan ƙari ta yamma, akwai M4. Wannan yanki shi ne wajen tsakiyar majarrarmu, kuma ya cancanci dare guda shi kaɗai.

Yadda aka yi jerin, da yadda ake karanta shi

Messier maharbin taurari masu wutsiya ne. A ƙarshen Agustan 1758, yana bin wata tauraruwa mai wutsiya a yankin Saur, ƙungiyar taurari mai siffar bijimi, ya ga hazon da bai motsa ba dare bayan dare. Tauraruwa mai wutsiya tana sauya wuri, wannan kuwa yana nan daram, sai ya fara rubuta irinsu don kada su riƙa ruɗa shi. Jerin farko mai abubuwa 45 ya fito a 1774, na ƙarshe mai 103 a 1781, da taimakon abokin aikinsa Pierre Méchain. Sauran bakwai masana ne suka ƙara a ƙarni na 20 daga bayanan su biyun. Lambobin ba su bin wuri a sama, bin lokacin rubutawa suke, shi ya sa M1 ke fitowa da sanyi M2 kuwa da kaka. Kada ka ɓata dare a kan M40, taurari biyu ne kawai, M73 kuma huɗu.

William Herschel da 'yar'uwarsa Caroline sun mai da abin ya zama shara ta tsari. Da madubi mai faɗin santimita 47 suka bi sama layi-layi daga Ingila, suka fitar da abubuwa kusan 2,500 a jeri uku, 1786, 1789 da 1802. Ɗan William, John, ya kai madubi irinsa zuwa Afirka ta Kudu daga 1834 zuwa 1838, ya haɗa komai a 1864. A 1888 John Dreyer ya fitar da NGC mai abubuwa 7,840, ya bi shi da ƙarin IC biyu a 1895 da 1908. A NGC lambobin suna bin sama daga yamma zuwa gabas, don haka lamba tana nuna maka lokacin shekara: NGC 253 na kaka ne, NGC 5139 na bazara.

Akwai tarko a lambar haske. Ƙaramar lamba ita ce mai haske, kuma bambancin mataki 5 ninki 100 ne. Ido a duhu yana kai wa 6. Amma lambar tana tara hasken abu duka ne kamar ɗigo ɗaya. M33, wadda ke ɗaya gefen Mirach daura da M31, lambarta 5.7, sai dai hasken ya bazu a fili da ya fi farin wata, don haka takan gagari mutum a wurin da M57 mai lamba 8.8 ke fitowa tsaf. Kullum ka duba girma tare da lamba.

Mataki na uku: babban madubi

Don wannan aiki faɗin madubi ne ke magana, ba ninkin da aka buga a kwali ba. Nau'in Dobson mai milimita 150 ko 200 shi ne mafi amfani a kuɗinsa: bututu a kan akwatin katako, ana tura shi da hannu. Mai 200 yana tara haske ninki 16 na gilashin darbil mai 50.

Ninkin girma lissafi ne: raba nisan tattara hasken madubin, wanda ke rubuce a jikinsa, da lambar maleƙi, wato ɗan gilashin da ake sa ido. Madubi mai 1,200 da maleƙi mai 25 ninki 48 ne, da fili kimanin digiri 1. Da maleƙi mai 10 ninki 120 ne. Kullum a nemo abu da mai 25, a sa shi tsakiya, sannan a canja.

Kafin duhu ka yi abu uku. Fitar da shi ya sha iska minti 30 zuwa 45, domin madubin da ya fito daga mota mai sanyi ko but mai zafi yana sa taurari rawa har sai zafinsa ya yi daidai da na waje. Sannan ka saita ɗan madubin nema da ke gefe: sa kan wani dutse ko eriya mai nisa a tsakiyar babban, ka juya sukurorin ƙaramin har ya nuna abu ɗaya. Mafi yawan masu cewa ba su ga komai ba, nan suka tsallake. Na uku, duba daidaiton madubai, domin hanyar jeji tana girgiza su: kalli tauraro mai haske a ninki 120, ka ɗan kawar da saiti har ya zama faifai. In baƙin ɗigon yana tsakiya, lafiya. In ya karkata, a gyara da sukurori uku na bayan babban madubi, kaɗan-kaɗan. Kada a taɓa juya shi wajen rana. Ƙura in ta hau madubi a hure ta da famfon roba, goge ta a bushe yana karce shi. Raɓa kuwa maganinta dogon hannun kwali a bakin ɗan madubin nema, da ajiye maleƙai a aljihu.

Tuna cewa irin wannan madubi yana juya hoto sama a ƙasa. Don sanin yamma, bar shi tsaye ka ga gefen da taurari ke ficewa.

M1, wanda ya jawo jerin duka, yana digiri 1 arewa maso yamma da tauraron da ke kan ƙahon kudu na Saur. John Bevis ya riga Messier ganinsa a 1731. Ɓurɓushin tauraron da ya fashe ne, wanda masu duba sama na ƙasar Sin suka gani a 1054 har da rana tsawon kwana 23, likitan Bagadaza Ibn Butlan ma ya ambace shi. A maleƙi ɗan hazo ne mara ado, yana son duhu sosai. M13, wanda Halley ya gano a 1714, yana gefen yamma na murabba'ar Hercules, tsakanin Vega da Arcturus. A ninki 48 dunƙule ne, a 120 da kallon gefe gefunansa suna fashewa zuwa taurari. M57 yana tsakanin taurari biyu na ƙasan Lyra, kudu da Vega. Ƙarami ne ƙwarai, a ninki 48 sai ka ɗauka tauraro ne da bai saitu ba, a 120 zobe ne. A zuciyar M42 ka nemi taurari huɗu da ke haska gajimaren.

M51 tana digiri 3 da rabi kudu maso yamma da tauraron ƙarshen mariƙin Banatu Na'ash, taurari bakwai na arewa masu siffar ludayi. Messier ya gano ta a 1773, amma sai a 1845 Lord Rosse ya ga murɗaɗɗun hannuwanta da madubi mai mita 1.8 a Ailan. Da milimita 200 za ka ga hazo biyu maƙwabta, hannuwan kuwa sai a dare na musamman a kan tudu. Ka ba ta minti goma, ka ɗan taɓa bututun ya girgiza, domin ido ya fi kama abu mai motsi. M104 tana digiri 11 yamma da Spica.

Abin da ya warware ko mene ne waɗannan hazo yana da amfani har a wurin saye. A 1864 William Huggins ya rarraba hasken NGC 6543 ya ga 'yan layuka masu haske kaɗai, shaidar iskar gas ce, alhali M31 ta ba da haske irin na taurari. A Oktoban 1923 Edwin Hubble, da madubin inci 100 na Dutsen Wilson a Amurka, ya sami tauraro mai sauya haske a M31, ya yi amfani da ƙa'idar da Henrietta Leavitt ta fitar a 1912, ya nuna tana can waje da majarrarmu. Matatar haske da ake sayarwa da sunan UHC ko OIII waɗannan layukan gas kaɗai take bari su wuce. Tana fito da M8, M27, M42 da M57 sosai, amma a kan majarra da gungun taurari duhu kawai take ƙarawa.

Riƙe littafi: kwanan wata na Miladiyya da na Hijira, wuri, sa'a, maleƙi, yanayin sama, da ɗan zane da fensir. Zane yana tilasta wa ido tsayawa, kuma da shi ake gane cewa a dare na biyar ana ganin abin da ba a gani a na farko ba.

Wanda ya gama jerin a hankali cikin shekara yana iya gwada shi a dare ɗaya. Daga tsakiyar Maris zuwa ƙarshensa rana tana yankin da babu abin Messier, kuma wuraren da ke kusa da digiri 25 arewa su ne suka fi dacewa, Madina kuwa tana kan 24.5. Sai an dace da ƙarshen watan Hijira a waɗannan kwanaki. Ana farawa da M77 da M74 a yamma tun kafin isha'i, domin suna gab da faɗuwa, sai M33 da M31. Yankin Virgo, ƙungiyar da Spica ke ciki, mai cunkoson majarra, yana buƙatar taswira ta musamman da aka yi atisaye da ita tun kafin ranar. Na ƙarshe M30 ne, yana fitowa a kudu maso gabas bayan gari ya fara wayewa, don haka a zaɓi wurin da babu tsauni ta wannan gefen, a kuma san tun da wuri daidai inda zai ɓullo.